Kafin ka goge mod ɗin nan, tsaya ka karanta 🧵

1/
Yadda ake saka mod a GTA ko faci a PES, bidiyonsa ya cika YouTube, har da na Hausa. Amma yadda za ka cire shi ka bar wasanka da lafiyarsa, shiru kake ji. A kan wannan zan yi magana yau. Zaren da ɗan tsawo, ku gyara zama.

2/
Ga wanda bai sani ba, mod ƙari ne da 'yan wasa ke haɗawa da kansu su ɗora a kan gem: sabuwar mota, riga, fili, fuskar ɗan ƙwallo. Mu nan mun fi saninsa a PES 2021, inda faci ke kawo 'yan wasan bana cikin gem ɗin da Konami ta fitar tun 2020.

3/
A hostel ɗinmu ni ake kawo wa laftop idan gem ya ƙi buɗewa. Maganar da na fi ji ita ce, "Wallahi na riga na goge mod ɗin." Ya goge kam, amma abin da idonsa ya gani kawai. Mod na barin sawu a wuri uku: foldar gem, fayil ɗin ajiya, da ita kanta kwamfutar.

4/
Za ka ce ai da sauƙi, goge gem ɗin gaba ɗaya ka sake saukewa. Shawarar mai wifi kyauta ke nan. GTA V ya kai wajen giga 100. A Janairun 2025 NCC ta amince a ƙara kuɗin kira da data har kashi 50 cikin 100. Ɗalibi mai lissafin kuɗin garau-garau ba zai sauke giga 100 sau biyu ba.

5/
WURI NA FARKO: foldar gem.
Mod kala biyu ne. Akwai mai ƙaro sabon fayil ya ajiye kusa da na asali, akwai kuma mai danne na asalin ya zauna a gurbinsa. Na farko gogewa ake yi. Na biyu in ka goge shi ka bar rami, don na asalin ya riga ya tafi.

6/
Maganin ramin yana cikin Steam. Danna dama a kan gem ɗin, ka shiga Properties, sai Installed Files, sai Verify integrity of game files. Zai duba fayilolin ɗaya bayan ɗaya, ya sauko da waɗanda suka ɓata ko aka canza kawai. Epic da manhajar Rockstar ma suna da irin wannan maɓallin.

7/
Amma ga inda ake zamewa. Wannan binciken fayilolin kamfani kaɗai ya sani. Baƙon fayil da mod ya ajiye, ko kallonsa ba ya yi. Zai ce maka komai lafiya lau, alhali baƙon na zaune daram, gem na ɗaukarsa duk lokacin da ka kunna.

8/
Misali a GTA V: ScriptHookV.dll, dinput8.dll, duk fayil mai ƙarewa da .asi, foldar scripts, da foldar mods ta OpenIV. Shi dinput8.dll ɗin nan shi ne ƙofar da fayilolin .asi ke bi su shiga gem. Da hannunka za ka fitar da su duka, sannan ka yi binciken Steam. A jere haka, kar ka juya.

9/
Kuma na ce fitarwa. Buɗe sabuwar folda a wani wuri, ka kwashe su can. Kunna gem ka gani. In ya tashi lafiya kwana biyu uku, sai ka goge. In ya ƙi, kayanka na nan, ka mayar ka sake lissafi. Abin da aka ajiye a gefe ana iya dawo da shi.

10/
A PES kuma manyan faci na zuba fayilolin .cpk a foldar download, su canza DpFileList.bin, wato jerin da ke gaya wa gem abin da zai ɗauko. In ka goge .cpk ka bar jerin facin, ka aiki gem neman abin da babu. Jerin asali za ka mayar, shi ya sa ake kwafarsa tun kafin a saka faci.

11/
WURI NA BIYU: fayil ɗin ajiya, inda gem ke rubuta inda ka tsaya.
Yawanci ba ya cikin foldar gem, yana Documents. Na GTA V yana ƙarƙashin Rockstar Games, na PES ƙarƙashin KONAMI, na Skyrim cikin My Games. Ko ka goge gem ɗin ka sake sakawa, shi yana nan yadda ka bar shi.

12/
Wannan wurin ya fi ba ni tsoro. Gem ana sake saukewa in an samu data. Amma Master League ɗin da ka yi wata shida kana ginawa, babu shagon da ke sayar da shi. In da faci ka fara shi, da 'yan wasan facin ya saba. Cire facin, sai sunaye su rikice ko ya ƙi buɗewa.

13/
Skyrim ya fi kowa wannan halin. Bayanan umarnin mod na shiga cikin fayil ɗin ajiya su zauna. Ka cire mod ɗin, su suna nan suna kiran abin da ya tafi. Wasan na iya tafiya yau, gobe ya fara tsayawa yana rufe kansa. Akwai ReSaver da ake sharewa da ita, amma ba kullum take ceto ba.

14/
Don haka kafin ka taɓa komai, kwafi foldar ajiyar zuwa filash ko wayarka. Yawanci 'yan megabait ne. Ka kashe Steam Cloud na wannan gem ɗin har ka gama, kar ya ɗauki lalatacce ya ɗora a kan mai kyau. In kuma mod ɗin babba ne, gaskiya ɗaya ce: ko ka ƙarasa wasan da shi, ko ka fara sabo.

15/
WURI NA UKU: kwamfutarka da akawun ɗinka.
Mod da yawa manhaja ce sosai, tana iya yin duk abin da sauran manhajoji ke yi. A Mayun 2015, wata guda da fitowar GTA V a kwamfuta, aka gano mod biyu, Angry Planes da NoClip, ɗauke da cuta mai naɗar abin da kake rubutawa a kibod.

16/
A Yunin 2023 haka ta faru a Minecraft. Wata cuta da aka sa wa suna fractureiser ta shiga mod da dama a CurseForge, shafin da mutane suka yarda da shi. Tana satar bayanan shiga akawun, tana kuma yaɗuwa zuwa wasu fayiloli. A duka biyun goge mod ɗin bai isa ba, ɓarawon ya riga ya bar ɗakin ya shiga cikin gida.

17/
Ka tuna laftop ɗin da kake buga gem da shi, a ciki aikin makarantarka yake, da imel, wani har da banki. In mod ɗin daga wani shafi mai tallace-tallace ka samo shi, ko aka ce sai ka kashe Windows Defender kafin ya yi, to bayan cirewa ka yi cikakken bincike, ka canza kalmomin sirri daga wata na'urar.

18/
Sai akawun. Da yawanmu mun samu GTA V na halal lokacin da Epic ta raba shi kyauta a Mayun 2020. Shiga GTA Online da ragowar mod kasada ce. Dakatarwar Rockstar na zuwa da share duk abin da ka tara, kuma tun Satumbar 2024 suka ƙara BattlEye. Kar ka shiga sai folda ta yi fes.

19/
Wani abokina ya kawo min nasa PES, a shago aka tura masa da faci a ciki tun farko. Yana son cirewa, amma bai taɓa ganin na asalin ba, babu kuma Steam da zai duba masa. Irin wannan ba abin da za ka koma gare shi. Ka samo kwafi mai tsabta tukuna, kafin ka taɓa wanda ke hannunka.

20/
Abin da na fahimta ke nan: ranar saka mod ake shirya cire shi. In kana da wuri, kwafi foldar gem tun tana sabuwa. In babu, ɗauki hoton abin da ke ciki, ka rubuta sunan duk fayil ɗin da ka ƙara. Ka riƙa sakawa ɗaya bayan ɗaya kana gwadawa. Aikin minti biyar ne.

21/
Ka kuma fifita kayan aikin da ba sa taɓa na asali. Mod Organizer 2 na ajiye mod a foldarsa daban, cire alama kawai za ka yi. Vortex na da Purge Mods. OpenIV na aiki a kan kwafi cikin foldar mods. Sider na PES kuwa in ba ka kunna shi ba, kayansa ba sa shiga. Na Steam Workshop, Unsubscribe.

22/
A taƙaice:
• kwafi fayil ɗin ajiya
• karanta bayanin mai mod ɗin, wasu na faɗin yadda ake cirewa
• cire ta manhajar da ka saka da ita
• kwashe ragowar baƙi gefe
• yi binciken Steam
• gwada da sabon wasa tukuna
• bincika cuta
• sannan ka shiga onlayin

23/
Ba hana ku mod nake ba, ni ma da faci nake buga PES, kuma shi ya sa har yau ake buga shi a ɗakunanmu. Ka dai san ƙofar fita kafin ka shiga. Wanda nasa ya riga ya rikice, ya rubuto sunan gem ɗin da abin da ya saka a ƙasa, in na fito daga lacca zan duba. A tura wa mai buƙata.