Gabby Pahinui da Gadon da Ɓoyo Ya Kusa Kashewa

Na daɗe ina ganin cewa al'ummar da aka ƙwace wa mulki tana da hujjar ɓoye ɗan abin da ya rage mata. Rayuwar Gabby Pahinui, makaɗin jita kuma mawaƙin tsibiran Hawai, ta nuna mini iyakar wannan hujja.

Jita baƙuwa ce a Hawai. Ana danganta zuwanta da makiyayan Meziko da aka gayyato wajajen 1832, zamanin Sarki Kamehameha na Uku, domin su koyar da kiwon shanu. 'Yan ƙasa suka karɓe ta, suka sassauta wasu tsirkiyoyinta yadda ko ba a danne ko ɗaya ba, in aka kaɗa su tare sai amonsu ya jitu. Babban yatsa na riƙe da sauti mai kauri, sauran yatsu na fitar da karin waƙa. Wannan salo shi ake kira kī hō'alu, wato sassauta ɗauri. Gidaje da dama suna da nasu ɗaurin, suna kuma riƙe shi a matsayin sirri, daga uba sai ɗa.

A 1893 aka kifar da sarautar Hawai, a 1896 kuma doka ta mayar da Ingilishi harshen koyarwa a makarantu. Harshen gida ya ja baya, kiɗan gida ya bi sawunsa. Duk tsohon da ya rasu bai koyar da kowa ba, ɗaurinsa ya bi shi kabari.

Cikin wannan hali aka haifi Gabby a 1921. Ya tashi a Kaka'ako, unguwar talakawa a Honolulu, bai yi nisa a makaranta ba, ya soma kiɗa a gidajen shaƙatawa tun yana saurayi. A 1946 ya naɗi waƙar "Hi'ilawe" a faifai, ana kuma lissafa ta cikin faya-fayen farko na wannan salo. Abin da ake yi a bayan gida ya shiga kunnen kowa. Duk da haka kiɗa bai wadata shi ba. Shekara da shekaru yana leburanci a aikin gyaran titunan birnin domin ciyar da iyali mai yawa.

Abin da ya fi taɓa ni shi ne gidansa na Waimānalo. A ƙarshen mako makaɗa kan cika farfajiyar, a yi ta kiɗa har dare ya raba, matarsa Emily na ciyar da su. Matasa suna zaune suna kallon yatsunsa, babu mai korarsu. A nan 'ya'yansa Cyril da Bla da Martin suka koya. Ya yi aiki da Eddie Kamae a ƙungiyar Sons of Hawaii, daga baya Ba'amurke Ry Cooder ya zo ya yi kiɗa tare da shi.

Gabby ya rasu a 1980, shekara biyu bayan an amince da harshen Hawai a matsayin harshen hukuma a jihar. Ba shi kaɗai ya jawo wannan farfaɗowa ba, amma muryarsa na cikin waɗanda suka sa matasa suka daina jin kunyar harshen kakanninsu. Masu ɓoyo sun ji tsoron sata, kuma tsoronsu yana da dalili. Sai dai ɗaurin da ake kaɗawa yau a Hawai shi ne wanda mai shi ya bari aka kalla.