Kogon da ke jin murya

Akwai wata gatana da tsofaffi ke yi wa yara da dare. Na san da yawa cikinku sun san ta. Wata mace ce ke da ɗiya guda tak. Don tsoron Dodo, sai ta kai ta cikin kogon dutsi ta ɓoye. Kogon nan ba shi da ƙyaure, ba shi da makulli. In uwar ta kawo tuwo, sai ta tsaya ta yi waƙa, dutsi ya buɗe. In za ta tafi, ta sake waƙa, ya rufe.

Dodo ya laɓe bayan sabara, ya koyi waƙar tsaf. Ya zo ya rera da ƙatuwar muryarsa. Dutsi ko motsi. Sai ya tafi wurin maƙeri. Maƙeri ya sa ƙarfe wuta ya gyara masa maƙogwaro, ya ce kada ya ci komi bisa hanya. Kwaɗayi ya sa ya lashe fara guda, murya ta koma yadda take. Zuwa na biyu ya daure. Ya yi waƙa da siririyar murya, dutsi ya buɗe masa. Wasu na cewa kura ce, ba Dodo ba. Duk ɗaya ne.

Ni malamin yaƙi da jahilci ne a Bangi. Kowace shekara nakan yi gatanar nan cikin aji, kuma ba a rasa mai tambaya ko kogon na nan da gaske. Ba shi nan. Amma wanda ya taɓa kiwo cikin duwatsun Buza ko na Keita ya san dutsin da ke amsa kira. Ka yi kuwwa, ya maido maka. Wannan shi ne amsa-kuwwa. Murya tafiya take yi cikin iska, wajen metir 340 cikin sakan ɗaya. In ta bugi dutsi sai ta dawo. In dutsin ya kai metir 17 daga inda kake, ko ya fi, kunnenka zai raba tafiyar da dawowar. In ya yi kusa ƙwarai, sai su haɗe. Shi ya sa ɗakinka ba ya amsa maka. Ba na gardama da dattawa bisa zancen iskoki, amma wannan amsar dai taka ce.

Abin da ya fi ɗaukar hankalina shi ne, Dodo ya san kalmomin waƙar duka, ba wadda ya ɓata. Muryar ce ta hana shi shiga. Wanda ya tsara gatanar nan ya san Hausa. A harshenmu murya na sauya magana. Ku faɗi "kuka" ta miya, ku faɗi "kuka" na jinjiri. Ku faɗi "fari" na zane, ku faɗi "fari" na rashin ruwan sama. Baƙaƙen ɗaya ne, hawa da saukar murya ne suka raba su. Wani wuri kuma jan wasali ne, kamar "gari" da muke zaune da "gari" na tuwo.

Bayan taron Bamako na 1966, masu yaƙi da jahilci a Nijar sun riƙa ninka wasali in yana da tsawo. Jaridar da aka buga a Madawa ma haka aka rubuta sunanta, Saabon Ra'ayii. Dabarar ta raba "garii" da "gaarii", amma ba ta raba kukar miya da kukan yaro ba. Daga baya aka bar ninkawar. Saboda haka in kuna karatu kuka tsaya cik bisa wata kalma, ba dolanci ba ne. Takarda ba ta da murya, ku ne za ku ba ta. Ku karanta jimlar har ƙarshe, da ƙarfi, ma'anar za ta fito.

To, Dodo bai daina zuwa maƙera ba. Ƙasarmu ta Adar ƙasar ƴan biɗa ce. Da wuya ka sami gidan da ba shi da wani a Abijan, ko Libiya, ko Najeriya, kuma salula ce ke haɗa mu da su. Wata dattijuwa cikin ajina an kira ta da dare. Murya can nesa, tana rawa, wai ɗanta ne, an kama shi, a aiko kuɗi kafin safiya. Ta saida akuya biyu ta aika. Bayan kwana uku ɗan nata ya kira yana gaisuwa, lafiyarsa lau, bai san zancen ba. Ta ce mani: "Malam, wallahi muryarsa ce." Na yarda da ita. Tsoro kan gyara wa ɓarawo murya. Balle yanzu da akwai na'urar da ke jin maganar mutum kaɗan, ta kwaikwaye shi.

Ga abin da muka shirya a ajinmu. Kafin yaro ya tafi biɗa, shi da uwarsa ko matarsa su zaɓi kalma guda da ba wanda ya sani, kamar sunan da kakarsa ke kiransa yana ƙarami. Duk wanda ya kira yana neman kuɗi, a tambaye shi ita. In ya fara kame-kame, a kashe, a kira lambar da aka sani. Ita ma lambar sirri ta kuɗin salula, kada a ba mai shago ya danna. Don haka muka ajiye darasin baƙaƙe mako biyu, muka koma bisa lambobi, daga 0 zuwa 9. Dattijuwar nan ce ta fara iya danna tata. Lambobi huɗu ne, ta ƙi gaya mani su.