Labaran gobe bisa takardar da ba ta kai gobe

 Yau za mu ɗan ajiye zancen farashin hatsi da na hanyoyi, mu taɓa hira kan wasu tsofaffin labarai na Amurka, irin waɗanda Faransawa ke kira science-fiction, wato ƙagaggun labaran kimiyya: kumbo, mutum-mutumi, tafiya duniyar Mars, da yadda rayuwa za ta koma nan da shekara ɗari. Wani zai ce, to mi ya haɗa mu da wannan? A yi mana haƙuri kaɗan, akwai rabonmu a ciki, musamman mu ma'aikatan rediyo.

Mu da muka yi lakwal da Faransanci, ta hanyar ƙananan littattafan aljihu muka san waɗannan labarai. A wajen masu baza tsofaffin littattafai a ƙasa ake tsintar su, tsakanin littafin lissafi da na nahawu, bango ya koɗe, wani shafin ma gara ta ɗanɗana. Sunayen da ke kai su ne Isaac Asimov, Ray Bradbury, Arthur C. Clarke, A. E. van Vogt. Abin da bangon ba ya faɗa shi ne, akasarin labaran nan ba a matsayin littafi aka haife su ba. A mujallu masu arha suka fara fitowa, waɗanda ake saye a karanta a yar.

Wanda ya buɗe wannan kasuwa kuwa mutumin rediyo ne. Sunansa Hugo Gernsback, haifaffen Luksambur a 1884, ya yi ƙaura zuwa New York yana sayar da kayan haɗa rediyo. A 1925 ya kafa tashar WRNY, a watan Afrilun 1926 kuma ya fitar da Amazing Stories, mujalla ta farko da ba ta buga komai sai irin waɗannan labarai, a kan sent 25. An san shi da jan ƙafa wajen biyan marubuta, wannan kam ba a ɓoye yake ba. Amma ya yi wata dabara guda wadda duk mai gabatar da shirin gaishe-gaishe zai gane ta nan take: yana buga wasiƙun masu karatu tare da adireshinsu. Sai yaron da ke wani ƙauye shi kaɗai da mafarkinsa ya gano ashe yana da ƴan uwa. Suka shiga rubuta wa juna, suka kafa ƙungiyoyi kamar dai fadojinmu na shayi, har a 1939 suka yi babban taronsu na farko a New York. Daga cikin masu aiko wasiƙun nan ne manyan marubuta da yawa suka fito. Kyautar Hugo da aka fara bayarwa a 1953, sunansa ta ci.

Na biyu shi ne John W. Campbell, wanda ya karɓi ragamar mujallar Astounding a 1937 ya riƙe ta har rasuwarsa a 1971. A 1938 wani saurayi ɗan shekara 18, ɗan mai kantin alewa a unguwar Brooklyn, ya ɗauki labarinsa ya kai ofishin da ƙafarsa. Campbell ya zauna ya yi doguwar hira da shi, bayan kwana kaɗan ya maido masa da labarin, haɗe da wasiƙar da ke bayyana inda ya gaza. Saurayin nan shi ne Asimov. Ku lura, an ƙi labarin, amma an gaya masa dalili. A watan Yulin 1939 labarinsa ya fito a mujallar, a fitowa ɗaya da na farkon van Vogt, wata na gaba kuma na farkon Robert Heinlein. A 1941 Campbell ya ba shi wata tambaya ya ce ya je ya yi labari da ita: idan mutane ba su taɓa ganin dare ba, ranar da taurari suka bayyana yaya za su yi? Daga nan aka samu Nightfall, labarin duniya mai rana shida, inda duhu ke sauka sau ɗaya cikin kimanin shekara 2000, jama'a su haukace su cinna wa biranensu wuta don neman haske.

Kuɗin aikin ba wani abin a zo a gani ba ne, kusan sent guda kan kowace kalma. Shi ya sa suke rubutu da sauri, da yawa, wani da sunaye biyu ko uku. Cikin wannan tarin akwai shirme jingim, kada wani ya ruɗe ku. Amma akwai waɗanda in ka karanta yau sai tsigar jikinka ta tashi. A watan Maris na 1944 Astounding ta buga labarin Cleve Cartmill kan wani bam da ake haɗawa da uraniyom, alhali a lokacin gwamnatin Amurka na ƙera irinsa a asirce. Sai da jami'an tsaro suka je ofishin Campbell suna tambayar wa ya tsegunta musu. Babu wanda ya tsegunta, daga mujallun kimiyya da kowa ke iya karantawa aka tsinto bayanan. A watan Maris na 1946 kuma Murray Leinster ya kawo labarin zamanin da kowane gida ke da na'ura mai allo da maɓallan rubutu, dukansu a haɗe da juna. Rannan ɗaya daga cikinsu ta fara amsa kowace irin tambaya ba tare da tantancewa ba, har da yadda za a yi kisa ba a kama mutum ba. A lokacin fa kwamfuta guda ɗaki take cikawa. Ku dubi wayar da ke hannunku yanzu, ku gaya mana.

Daga 1949 Campbell ya samu kishiyoyi. Aka kafa The Magazine of Fantasy and Science Fiction a shekarar, Galaxy ta biyo baya a 1950 ƙarƙashin H. L. Gold. Su sun fi damuwa da halin mutum da zaman jama'a fiye da ƙarfen kumbo. A Galaxy ne, cikin Fabrairun 1951, Bradbury ya fitar da labarin da ya faɗaɗa ya zama Fahrenheit 451 a 1953. A ɗakin ƙasa na laburaren wata jami'a a Los Angeles ya buga shi, da keken rubutu na haya, sent 10 kowane rabin awa. Labarin ƙasa ce da aka haramta littafi, aikin ƴan kwana-kwana ya koma ƙona shi, sai wasu mutane suka fita daji kowa ya haddace littafi guda don kada ya ɓace. Mu da muka tashi cikin mahaddata, wannan ƙarshen bai yi mana baƙo ba ko kaɗan. Rediyo ma ba a bar ta a baya ba: tashar NBC ta yi shirin Dimension X daga 1950 zuwa 1951, da X Minus One daga 1955 zuwa 1958, tana maida labaran mujallun nan wasan kwaikwayo na kimanin rabin awa.

To ga inda gizo ke saƙar. Takardar da ake buga mujallun nan mafi arha ce, ba ta jimawa take yin ja ta fara marmashewa. Mujalla wata guda take yi a kanti, a kwashe a kawo sabuwa. Da a haka aka bar su, da yau babu mai jin labarinsu. Waɗanda suka cece su mutane ne da ba kasafai ake ambaton su ba, masu tattarawa. A 1946 Groff Conklin ya zauna ya tace tsofaffin fitowa ya haɗa kundi guda, a shekarar kuma Raymond Healy da J. Francis McComas suka fitar da nasu mai kusan shafi dubu. Daga 1956 Judith Merril ta riƙa fitar da zaɓaɓɓun labaran kowace shekara. Kundi mai bango shi ke shiga laburare, laburare kuma shi ke kai labari ga jikoki.

Ta wannan hanyar suka iso hannunmu. A Faransa an fara jerin Le Rayon fantastique a 1951, mujallar Fiction a 1953 tana fassara daga takwararta ta Amurka, sai jerin Présence du futur a 1954 wanda ya buɗe da littafin Bradbury kan duniyar Mars. Daga 1974 Gérard Klein da Jacques Goimard da Demètre Ioakimidis suka shiga fitar da babban kundinsu a Livre de Poche, kowane juzu'i da jigonsa, wannan na mutum-mutumi, wancan na baƙi daga wasu duniyoyi. Kafin labari ɗaya ya iso gaban ɗan lise a Maraɗi, ya bi ta hannun edita, da mai tattarawa, da mai fassara, da wani mai tattarawar kuma.

Sai dai duk hannun da ke zaɓe yana kuma zubarwa. A 1967 Samuel Delany, baƙar fata ɗan unguwar Harlem wanda ya riga ya ci kyautar Nebula, ya aika wa Campbell littafinsa Nova don a buga shi kashi-kashi. Kamar yadda Delany ya ba da labari da kansa, amsar da ta dawo ita ce editan ya yaba da aikin, amma yana ganin masu karatunsa ba za su karɓi baƙar fata a matsayin jarumin labari ba. Mutumin da ya iya hango birane cikin taurari, ya kasa hango mai kama da mu a kujerar matuƙi. Littafin ya fito a 1968 ta wata hanyar. A 2019 aka cire sunan Campbell daga kyautar sababbin marubuta saboda ra'ayoyinsa na wariyar launin fata. Mun ji daɗin labaran da ya rena, ba za mu yi ƙarya ba, amma wannan ma yana cikin tarihinsa, dole a faɗa.

Kada kuma a ce Bahaushe bai taɓa gwada wannan fage ba. A 1969, shekarar da ɗan Adam ya taka wata, Umaru Dembo ya fitar da Tauraruwa Mai Wutsiya a Zariya, labarin yaron da aka ɗauka aka yi yawo da shi cikin sararin samaniya. Mutum nawa cikinmu suka taɓa riƙe shi a hannu? Dembo ya yi nasa. Abin da bai samu ba shi ne mujallar da za ta fito duk wata tana neman irin nasa, da shafin wasiƙu, da editan da zai maido wa yaro labarinsa ya ce gyara nan ka sake kawowa.

Anan ne zancen ya dawo kanmu. A ƙasar nan rediyo ita ce mujallar talaka. Muna da masu saurare da ke kira suna aiko saƙo, muna da matasa masu rubutu a waya suna turawa abokai. Amma abin da muke watsawa ya fi takardar Astounding saurin ɓacewa: an faɗa, iska ta ɗauke. Wasannin kwaikwayo nawa aka yi a tashoshinmu da yau ko kaset ɗinsu babu? Yaron da ke da labarin yadda Damagaram za ta kasance a 2080, da zafinta da ruwanta da yawan jama'arta, wa zai kai wa? In bai samu wurin kaiwa ba, wasu za su rubuta mana goben, kuma mun ga yadda ake yi in wani ne ke riƙe da ƙofa.

Don haka roƙonmu ga abokan aiki, rabin awa a mako ba ta fi ƙarfin tasha ba. A karɓi gajerun labarai da Hausa, a karanta, wanda aka ƙi a gaya masa dalili, wanda aka watsa a adana muryar da rubutun. Ƙarshen shekara wani ya zauna ya zaɓi goma ya haɗa. Malaman lise da na kwaleji, in akwai irin waɗannan tsofaffin littattafai a akwatunanku, ku fiddo su ku ba yara aro kafin gara ta riga su. Mai littafin Dembo kuma, don Allah ya sanar da mu, muna son mu karanta shi a iska.