Taliyar jatan lande da muka dafa wa Baba

 Waɗanda suka kama shirinmu na ranar Lahadi sun ji muryarmu ta ɗan sarƙe lokacin da wata baiwar Allah ta bugo waya tana tambayar abin da za ta dafa wa tsohonta da ya daina cin abinci. Mun ba ta amsa a gurguje muka saka kiɗa. Gaskiya tambayar ta taɓa mu inda ke mana ciwo, don mu ma abin da muka sha fama da shi ke nan a gida tun bayan sallar layya. Shi ya sa muka ce bari mu rubuta a nan, inda babu mai nuna mana agogo ta bayan gilashi.

Baba ya haura shekara saba'in. Daga ƙasar Adar ya zo Arlit yana saurayi, a ƙarshen shekarun 1970, lokacin da ake shimfiɗa kwaltar Tawa zuwa Arlit, COMINAK kuma ta fara fitar da uraniyom a Akokan a 1978. Bai taɓa shiga rami ba. Kuku ne, ya yi sama da shekara ashirin yana dafa wa Turawa abinci a gidajensu na unguwar ma'aikata, zamanin da ake ce wa garin nan ƙaramar Paris. A gida kuwa ba mu taɓa ganin ya ɗora tukunya ba, ko ruwan zafi. Inna ke girki, shi ya ci ya yi shiru.

Bana jiki ya ƙi. Haƙora sun zube, ga hawan jini, likita ya ce a rage gishiri. Tuwo ya ture, shinkafa ya ture, sai ƴar hura ludayi biyu ya kwanta. Mutum yana ramewa a gabanka, kai kuma sai "Baba daure, ko loma guda".

Wani dare ɗiyar yayarmu tana zaune kusa da shi tana kallon bidiyo a waya. Wata Baturiya ce ke dafa taliya da jatan lande, wanda muke ce wa kirebet, cikin farar miya ta madara, an rubuta a sama wai minti ashirin abinci ya sauka. Baba da bai damu da waya ba ya ce, "Kawo in gani." Ya kalla har ƙarshe, ya ce, "Ta ɓata shi. Ta zuba kirebet da wuri, zai koma kamar roba." Can kuma ya juyo wajenmu, da yake sunan mahaifiyarsa gare mu, ya ce, "Uwata, da zan samu wannan, da na ci."

Wata biyu ke nan bai kira sunan wani abinci da bakinsa ba. Muka ce in sha Allahu gobe-goben nan. To, goben ta kai mu kwana tara.

Taliya ba ta ba mu wahala ba. Kowa a Arlit ya san daga ina take zuwa: Aljeriya, ta Tamanrasat da Asamaka, tare da madarar gari da mai da dabino. Albasa da tafarnuwa kuma ga su nan daga garaken Ayar, su Tabelot da Timiya, irin waɗanda Baturiyar bidiyon ba ta da su. Jatan lande ne aikin. Tsakaninmu da teku kusan kilomita 2,000 ne, hanyar da uraniyom ɗinmu ya daɗe yana bi: Agadas, Tawa, Doso, Gaya, Paraku, har tashar jiragen ruwa ta Kwatano. Busasshen jatan lande da ƴan uwanmu matan Benin da Togo ke sa wa miya, ta wannan hanyar yake hawowa, daga tafkunan kudancin Benin irin su Nokuwe da Aheme, inda ake kama shi a ƙyafe shi a hayaƙi. Tun bayan juyin mulkin 26 ga Yulin 2023 aka rufe gadar da ke tsakanin Gaya da Malanbil. CEDEAO ta ɗage takunkumi a Fabrairun 2024, amma manyan motoci ba su koma bin gadar ba, kaya sai dai su zagayo ta Lome da Burkina, ƙananan kuma a tsallako da su cikin kwalekwale. Mun sha karanta wannan labari a makirfo da murya mai sanyi. Ba mu san nauyinsa ba sai ranar da muka zagaye kasuwa da rana tsaka muna tambayar abin da bai cika tafin hannu ba.

Matar da muka san tana sayarwa a Akokan ta tashi. An ce mana ta koma gida bayan an rufe COMINAK ranar 31 ga Maris ɗin 2021, tunda masu sayen nata sun watse. Wata kuma ta ce ya ƙare mata tun da azumi. Ɗanye na cikin firigo kuwa ba mu ma neme shi ba. Abin da zai yi kwanaki a mota cikin wannan zafi, ya narke ya sake daskarewa, ba shi za mu ba tsoho marar lafiya ba. A ƙarshe wata abokiyarmu ta lakwal da ke Yamai ta saya mana wajen matan gaɓar teku, ta ƙulle cikin leda uku ta ba direban bas. Da ƙullin ya iso sai da ƴan tasha suka tambaye mu ko mushe aka aiko mana.

Inna ta buɗe ta leƙa, ta ja da baya. "Waɗannan ƙwarin za ku ba malam? Ai wannan kunamar ruwa ce." Sai da aka tambayo limamin unguwa, ya ce a mazhabar Malikiyya abin da ke rayuwa cikin ruwa halal ne, har da wannan. Ta ce to, amma ba da tukunyarta ba. Mu dai mun yi dariya, don mai cin fara da yaji ba shi da bakin zagin jatan lande.

Ranar girkin autanmu ya zo hutu daga Anu Araren, can yake aiki inda SONICHAR ke ƙona gawayin ƙasa tana ba ma'adinai da garuruwanmu wuta. Ya zo da buhun gawayin na girki, kuma da yake kwalbar gas ɗinmu ta ƙare, da shi muka yi. Masu aiki da shi sun san halinsa: yana da wuyar kamawa, in ya kama kuma ba ya jin lallashi. Baba ya sa aka fito masa da kujera tsakar gida, aka ajiye murhu a gabansa. Mutumin da ke magana da ƙyar, sai ga shi yana ba da oda kamar komandan.

Ga yadda ya sa muka yi, ga mai son gwadawa.

Busasshen jatan lande, kamar cikin hannu biyu, aka cire kawuna da ɓawo, aka wanke sau uku saboda yashi da gishiri, aka jiƙa a ruwan ɗumi kamar minti goma sha biyar. Mun ɗauki kawunan za mu zubar, ya daka mana tsawa: "Uwata! Daɗin duka yana nan." Aka soya su cikin ɗan man shanu, aka zuba ruwa kofi guda suka tafasa, aka tace. Wannan romon shi ya tsaya a matsayin magi da gishiri, ba mu ƙara ko ɗaya ba saboda hawan jininsa. Taliya tana can tana dahuwa a wata tukunya. Ya ce Turawa suna son ta da ɗan ƙarfi a haƙori, amma tunda shi ba shi da haƙoran, a bar ta ta yi laushi, a kuma kakkarya ta. Kafin a tsiyaye aka ɗebi kofi guda na ruwan dahuwar aka ajiye, don wannan ruwa mai kauri-kauri shi ke sa miya ta kama jikin taliya, ba ta kwanta a gindin kwano ba.

Sai farar miyar. Baturiyar bidiyo kwalin kirem ta buɗe ta tuttule, mu ina muka gan shi? Baba ya ce ko a da, in kirem ya yanke a kanti, beshamel yake yi, ba wanda ya taɓa ganewa. Man shanu cokali biyu a kasko, albasa yankakkiya ƙanana har ta yi laushi, sannan tafarnuwa, ita kuma ba ta son daɗewa, tana yin ja ta yi ɗaci. Fulawa cokali guda, a juya minti ɗaya don warin ɗanyen gari ya fita. Madarar gari cokali huɗu da aka dama da ruwan ɗumi, a zuba kaɗan-kaɗan ana juyawa ba tsayawa. A kula, banda madarar gwangwani mai sukari ta shayi. Nan ne gawayin autanmu ya so ya kunyata mu, madara ta fara kamawa a gindi. Baba ya ce, "Sauke! Wutar da ba a iya ragewa, kasko ake ɗagawa." Haka muka yi ta yi, a ɗora a sauke, har miya ta yi kaurin da in ka ja yatsa a bayan cokali hanya za ta tsaya. Aka zuba romon kawuna, sannan jatan landen a ƙarshe, minti uku kacal. Ɗan masoro, taliya, ɗan ruwan dahuwa. A madadin cukun Italiya da suke gogawa a kai, muka daka busasshen cuku na Abzinawa muka barbaɗa. Lemun tsami sai da aka sauke daga wuta, don in ka matsa shi madara tana tafasa, tsinkewa take yi.

Mun duba agogo saboda halin aiki. In an cire hura gawayi, minti talatin da biyar. Ga mai gas da hannu mai sauri, ashirin ɗin ba ƙarya ba ce.

Da muka zuba masa a faranti, ya daɗe yana kallo bai taɓa ba. Autanmu ya ce, "Baba, ko bai yi kamar naka ba?" Sai ya ce, "Ni ban san ɗanɗanon nawa a faranti ba." Ashe duk shekarun nan, kusan kowace Asabar yana dafa wannan abinci, bai taɓa zama ya ci ba. Miyar kawai yake ɗiga a bayan hannu ya lasa don ya ji gishiri. Ya ce ba wanda ya hana shi da baki, amma kirebet ɗin daga nesa yake zuwa da tsada, uwargidan kuma tana ƙirga su kafin ta miƙa masa, shida-shida kowane baƙo. Bai faɗe shi da ɓacin rai ba, har yana ƴar dariya. Mu ne muka kasa dariyar. Mun tashi a gidan nan, da kuɗin wannan kicin aka saya mana littattafai da kayan lakwal har muka iya Faransancin da muke ci da shi yau, amma ba mu taɓa tambayarsa me yake dafawa can ba, balle me yake ci.

Ya ci rabin faranti, a hankali, da ƙaramin cokali. Ya ce tafarnuwa ta yi yawa, cukun kuma ya fi na Turawa. Inna da ta rantse ba za ta taɓa ba, mun gan ta ta bayan ƙofa tana lasar ludayi.

Ga ƴar uwarmu da ta bugo waya: kar ki ji wannan ki ce magani ne. Tsohon da ya daina cin abinci, likita ake fara kai shi, mu ma can muka fara kuma har yanzu muna komawa. Busasshen jatan lande yana da gishiri ko an wanke shi, wasu kuma jikinsu ba ya karɓarsa sam, sai ƙaiƙayi da kumburi, a fara da kaɗan. Baba bai warke ba. Amma tun daga ranar yakan ce a yi masa kaza ko kaza, shekaranjiya ma miyar dankalin Turawa ya nema, ya kuma tsaya a kanmu har aka gama.

Sauran jatan landen bai fi na dahuwa biyu ba. Ya karɓe ledar daga hannunmu ya saka cikin akwatin ƙarfensa, inda yake ajiye takardun aikinsa na da, ya kulle. Ya ce ranar Juma'a bayan an sauko daga masallaci a samo gas, shi zai yi miyar da hannunsa, mu namu yankan albasa.