Ruwan Bishiya a Kwalba

Duk watan Maris nakan ga wani farin ruwa a kwalba a shagunan Faris, har nan unguwarmu ta Porte de la Chapelle. Daga bishiyar da Faransawa ke kira bouleau ake tatso shi. A huda gindinta, a sa bututu, ya yi ta ɗiga kamar sati 3 kafin ganye ya fito. In ana son mai kauri kamar zuma, sai an dafa kusan lita 100 a sami lita 1.

Haka ake dafa ruwan rake a Maƙarfi har ya zama mazarƙwaila. Nasu na da kwalba da tsada, tamu na kan faifai ƙuda na bi. 'Yan uwa ɗalibai, gyaran wannan yana jiranmu a gida.