Mai Cire Mod

Tsakanin 2008 zuwa 2010, duk yaron da ya yi wata guda yana zarya a shagon gem a Kano ya iya ɗora wa wasa mod, wato ƙarin da ke sauya wani abu a cikin wasan. Cirewar ce ta gagari mutane, kuma ita ce aikina a shagon yayana, ɗan wan babana, inda nake zama bayan an tashi daga makaranta da lokacin hutu. Yawancin shagunan lokacin PlayStation 2 suke jerawa. Shi kuwa 'yan kwamfutoci ya sayo na gwanjo, Pentium 4 masu Windows XP, ya jingina su da bango. Wasa biyu ne ke kawo kuɗin man janareta: Pro Evolution Soccer 6 da GTA San Andreas, wanda ya fito a kwamfuta a watan Yunin 2005 amma ya ƙi tsufa a wurinmu.

Fifikon kwamfuta a kan PlayStation shi ne ana iya taɓa cikin wasan. Yara su zo da filashi daga kafe, wani da motar BMW da zai maye gurbin Sultan, ɗaya daga motocin San Andreas, wani da rigar da zai sa wa CJ, jarumin wasan, wani da abin da ke sa mutum ya tashi sama a Los Santos. Yaya ba ya hanawa, don abin na jawo ciniki. Sai a kwana biyu wasan ya fara ficewa da kansa, ko ya daskare a tsakiyar mishan alhali yaro ya biya kuɗin rabin awa. Nan za ka ji murya daga bakin ƙofa: "Ƙane, ta kusurwar nan ta fara halinta. Mayar min da ita yadda take."

Yadda take. Faɗa da sauƙi.

Abin da yaran ba su lura da shi ba shi ne, a San Andreas mota ba ƙara ta ake yi ba, musanya ta ake yi. Kusan duk motocin wasan da gine-ginensa suna ƙunshe cikin babban fayil guda, gta3.img, wanda ya kusa gigabait ɗaya. Kowace mota tana da fayil biyu a ciki, na siffarta mai ƙarewa da .dff da na fentinta mai ƙarewa da .txd. In yaro ya buɗe IMG Tool ya danna musanya, ta asali ta tafi ke nan. Kamar tela ne ya yanke hannun riga ya ɗinka wani: in bai ajiye ƙyallen da ya cire ba, duk iya warwarar zarensa rigar ba za ta koma ba. Saboda haka cire mod tun kafin a saka shi yake farawa. Ranar da aka girka wasan sabo fil, kafin hannun kowa ya taɓa shi, nakan kwafe foldar models da ta data in ɓoye a wani lungu na kwamfutar da yara ba sa leƙawa. Wurin ajiya ya yi ƙaranci a lokacin, wasan kansa ya haura gigabait huɗu, kuma sai da muka sha musu da Yaya kafin ya yarda in goge wasu finafinan Indiya don kwafin ya samu waje.

Ko an mayar da fayil biyun nan ma, da sauran rina a kaba. Mod mai kyau yakan zo da 'yar takarda da ke cewa a sauya layi kaza a handling.cfg, inda nauyin mota da gudunta da burkinta suke, a sauya wani a vehicles.ide, inda girman taya yake, wani kuma a carcols.dat na launi. Wanda ya mayar da siffar ya manta da layukan sai ya samu motar asali da halin baƙuwa: tayoyi sun nutse a kwalta, ko ta riƙa kifewa a kowace kwana. Na fi jin daɗin irin wannan matsalar a kan sauran, domin da ido ake gane ta. Kana ganin yadda mota ke tafiya ka san layin da aka bari.

Waɗanda ba a gani su ne masu ba da wuya. Bayan fitowar manhajar CLEO a 2007, an samu hanyar ƙara wa wasan dabaru ba tare da an taɓa ainihin rubutunsa ba. Ƙananan fayiloli ne masu ƙarewa da .cs, a zuba su a folda guda, a goge in an gaji. Wannan ya rage mana aiki ƙwarai. Amma domin wasan ya san da zamansu, ana ɗora wani ɗan saƙo da ke ɓad da kama. Yana ɗaukar sunan fayil ɗin sauti na wasan, vorbisFile.dll, na gaskiyar kuma a sake masa suna zuwa vorbisHooked.dll. Mai gaggawa ya ga baƙon suna sai ya goge, bai san na asalin ya jefar ba, wasa ya ƙi buɗewa gaba ɗaya. Daidai shi ne a goge na bogin, a mayar wa na gaskiya sunansa. Haka Kitserver yake a PES 6, wanda da shi ake sa wa ƙungiyoyi riguna da filaye da fuskoki. (Shekarar da Kano Pillars ta ci gasar ƙasa, 2008, babu kwamfutar da ba a ƙirƙiri Masu Gida a cikinta ba, ko da fuskokin 'yan wasan ba su yi kama da kowa ba.) Shi Kitserver yana liƙa kansa ne a jikin fayil ɗin da ke tayar da wasan. Sai an buɗe shi an ce ya saki kafin a goge foldarsa. In aka yi akasin haka, wasan zai ta neman abin da babu.

Maganin da kowa ke bayarwa a shagunan maƙwabta shi ne a cire wasan duka a sake girkawa. Yana cin kusan awa guda, in NEPA ba ta ɗauke wuta a tsakiya ba, kuma sau da yawa ba ya warkarwa. Dalili kuwa, mai cire wasa abin da shi ya girka kaɗai ya sani. Duk abin da yara suka zuba daga baya yana nan zaune a foldar, sabon wasan ya sauka a kansa, ciwo ya dawo. Sai an bi da hannu an share foldar tas. Sannan akwai wata foldar can daban cikin My Documents, inda sebin ɗin yara yake, wato ajiyar inda suka tsaya a wasan, da wani ɗan fayil mai suna gta_sa.set na saitin hoto da maɓallai. Goge wannan ɗan fayil shi kaɗai ya sha tayar da wasan da aka riga aka yi wa ta'aziyya. Ban taɓa gaya wa yaran shagon wannan ba. Kowace sana'a da sirrinta.

Sebin shi ne inda iyawa ke ƙarewa. Labarin wasan da mishan-mishan ɗinsa suna cikin main.scm, kuma duk sebin da aka yi yana ɗaure da irin main.scm ɗin da aka yi shi a kai. Yaron da ya yi makonni yana biyan kuɗi har ya kai Las Venturas a kan wanda aka sauya, ranar da na mayar da na asali sebin ɗinsa ba zai buɗe ba. Wani ya yi kuka a gabana, kuka na gaske. Daga lokacin Yaya ya kafa doka: kwamfuta ɗaya ta masu bin labari ce, ba a soka mata filashi, sauran a yi yadda aka ga dama. Dokar ta rage mana ƙwayoyin cutar autorun ma, waɗanda kusan kowace filashi ke ɗauke da su a shekarun nan.

Sai daga baya na san cewa masu wasan su kansu sun sha wahalar cire abu daga cikinsa. A 2005 wani ɗan Holan, Patrick Wildenborg, ya fitar da mod ɗin da ake kira Hot Coffee, wanda ya buɗe wani sashe na batsa da kamfanin Rockstar ya rufe amma bai goge daga faifan ba. A watan Yuli hukumar ESRB ta Amurka ta mayar da wasan na manya zalla, manyan kantuna suka sauke shi, kamfanin ya sake buga wani da aka tsabtace. Wannan bugu na biyu ba ya karɓar mod da daɗin rai, sebin ɗinsa kuma ba ya shiga na farko. Shi ya sa wani faifan da aka sayo a kasuwa ke ƙin duk abin da muka saka masa, muna ta zargin kwamfutar.

Yanzu kayan aiki sun yi hankali. Mod Loader a San Andreas, foldar mods ta OpenIV a GTA V, da Mod Organizer a Skyrim, duk dabara ɗaya suke bi: kada a taɓa na asali, a ajiye baƙo a gefe, wasan ya karanta shi daga can. Steam kuma yana da maɓallin da ke bincika fayiloli ya sake sauko da duk wanda aka lalata. Ina ganin mutane sun dogara da maɓallin nan fiye da kima. Abin da kamfani ya turo kaɗai yake dubawa, ba ya share baƙon fayil. Wanda ya danna shi ya bar dinput8.dll da ScriptHookV.dll a foldar GTA V bai cire komai ba, kuma Rockstar ba ta yarda da mod a GTA Online, tana iya rufe asusun mutum a kai. A Skyrim kuma, da ya fito a 2011, mod mai rubutun umarni yana barin sawunsa a cikin sebin ɗin kansa, ta yadda ko an cire shi sebin zai ci gaba da kiran abin da ya tafi. Akwai manhajojin da ke ƙoƙarin wanke irin wannan sebin, wani lokaci su dace. Amma da ɗan Yaya ya kawo min laftof ɗinsa da wannan matsalar, sai da muka bi jerin sebin ɗinsa baya-baya har muka samu wanda ya yi kafin ya ɗora mod ɗin, ya haƙura da duk abin da ya tara bayan nan.