Hannun da Ba a Gani a Fim

Mu matasan yanzu kusan kowannenmu edita ne. Da waya a hannu muke yanke bidiyon biki ko na walimar makaranta, mu ɗora waƙa, mu tura wa abokai. Amma idan aka zo zancen sana'a, sai a ce mana wannan wasa ne, mai son fim ya zama jarumi ko darakta. Shi ya sa labarin wata Bafaranshiya, Marie-Josèphe Yoyotte, ya tsaya mana a rai.

An haife ta a 1929, ta rasu a 2017, ta kuma shafe rayuwarta a ɗakin yanka da haɗa hotuna. A lokacin da ta fara babu kwamfuta. Zaren fim ake dubawa a na'ura, a yanke shi, a manne da hannu, hotuna 24 a kowace daƙiƙa.

Aikinta ya taɓa mu kusa. Tana cikin waɗanda suka haɗa "Moi, un noir" na Jean Rouch a 1958, labarin samarin Nijar da suka je ci-rani Abijan. An ɗauki hotunan ba tare da muryoyi ba. Daga baya Oumarou Ganda ya zauna yana kallo yana ba da labarin, aka daidaita muryarsa da hoton. Ba don wannan haɗin ba, da tarin hotuna kawai za a samu.

A 1959 ta haɗa "Les Quatre Cents Coups" na François Truffaut, wanda ya ƙare da yaro ya ruga har bakin teku, ya juyo, hoton ya daskare a kan fuskarsa. Sau 3 tana cin kyautar César, ciki har da ta "Microcosmos" a 1997, fim ɗin ƙwari da kusan babu magana a cikinsa. Ƙwaro ba ya bin umarnin darakta, don haka jerin hotunan ne ya zama labari.

Abin da muka ɗauka shi ne, edita ke yanke hukuncin abin da mai kallo zai gani, da tsawon lokacin da zai gan shi. Wannan aiki yana son haƙuri, da kunne, da ƙarfin halin zubar da hoto mai kyau idan bai taimaki labari ba. Manhaja tana cikin wayoyinmu, amma ba ta koyar da waɗannan. Mu za mu koye su, ta kallon fim sau biyu: na farko don labari, na biyu don lura da inda aka yanka.